Sheƙar Balbela a Gidan Makoki

Sun sare mini rabin bishiya ina zaune a ɗaki ina karɓar gaisuwar rasuwar mijina, kuma har yau babu wanda ya ba ni haƙuri a kan wannan. A kan mijin dai an ba ni, har kunnena ya daina ji. A kan bishiyar kuwa, waɗanda suka yi aikin jira suke in gode musu. Ban gode ba, ba kuma zan gode ba.

Dogon yaro ne, a ƙofar gidanmu a Kudenda, ta inda unguwar take gangarawa kogi. A nan muka same shi lokacin da muka sayi filin, sa'ad da maigidana yake aiki a ɗaya daga cikin kamfanonin nan. Ba mu muka shuka shi ba, ba mu kuma muka gayyato balbela ba. Wata damina ce kawai suka zo, 'yan kaɗan, suka ɗora tsinke a kan tsinke. Da damina ta zagayo suka dawo da danginsu. Daga baya zalɓe ma ya samu wuri can ƙololuwa. Da zarar ruwa ya zauna, sai bishiyar ta yi fari fat kamar an shanya mata wanki.

Ba zan yi ƙarya in ce abin daɗi ne ba. Balbela a bayan shanu tsuntsuwa ce mai tsabta, a kan sheƙa kuwa ƙazama ce ta gaske. Ga kashi, ga wari, ga kuka tun asuba, ga guntayen kwaɗi da fara da suke suɓucewa daga bakin 'ya'yan. Ko ciyawa ba ta fitowa a gindin bishiyar. Maigidana tuni ya daina ajiye mashin ɗinsa a wurin. Maƙwabta sun yi magana, sun sake yi. In sun tare shi a hanya sai ya ce, "Tana ciki, ku shiga ku faɗa mata da bakinku." Ba wanda ya taɓa shigowa. Iyakar abin da ya yi wa tsuntsayen nan ke nan, shekara da shekaru, kuma ya isa.

Ni ban yi boko ina yarinya ba. Sai da na aurar da 'yata ta fari na shiga ajin manya na yamma a cocinmu, mata zalla, kowa da tabaronta da ciwon gwiwarta. Malamarmu wata 'yar Filato ce, ba ta kai 'yata shekaru ba, kuma tana cikin wasu mutane masu fita ƙirgar tsuntsayen ruwa. Wata rana ta rako ni gida, ta ga bishiyar, ta tsaya baki buɗe. Na ɗauka warin ne ya buge ta.

Ta ce, "Mama, kin san abin da kike da shi a nan kuwa?"

Na ce, "Na sani mana. Ni nake share shi kullum."

Ita ta koya mini aikin. Ba a matsawa kusa. Ba a jifa ko tafi don su tashi a gan su da kyau, domin in uwa ta firgita ta bar sheƙa, ko dai ƙwai ya yi sanyi ko hankaka ya wuce da shi. Wuri ɗaya ake tsayawa, a lokaci ɗaya. Sheƙar da tsuntsu yake zaune a ciki ita ake ƙirgawa, wadda babu kowa a bar ta. Da yamma kuma, in suna dawowa daga kogi layi-layi, a ƙirga su goma-goma kafin su sauka su cakuɗe. In na gama sai in tura mata ta waya. Da rani, in bishiyar ta zama kango, mukan bi bakin kogi da sassafe da abin hangen nesa, mu ƙirga ƙirinjijiya da zakaran ƙeƙuwa a kan tsibiran yashi, kafin masu ɗibar yashi su iso da motocinsu.

Wata shekara na yi mata alfahari cewa balbeluna sun ƙaru. Ba ta yi murna ba. Ta ce, "Ba ƙaruwa suka yi ba, Mama. Wurin zuwa ne ya ragu." Bishiyoyin da ta sani a da, wasu an sare an yi shaguna, wasu an yi wurin buga bulo. Duk waɗanda aka kora, ƙofar gidana suke tahowa. Tun daga ranar na daina yi wa maƙwabta bayani. Duk wanda ya ce wari, sai in ce ya canja hanya.

Maigidana ya rasu a tsakiyar damina, bayan doguwar jinya. Aka kai shi mutuware, ɗakin ajiyar gawa na asibiti. A ƙauyensu za a binne shi, can kudancin jiha, amma kafin a tafi da shi sai an yi masa sujadar waƙoƙi a ƙofar gidansa, yadda ake yi wa kowa.

A wurinmu, matar mamaci zama take yi. A shimfiɗa mata a ƙasa a falo, mata su kewaye ta. Ba ta girki, ba ta fita, ba ta ɗaga murya. Abin da ya fi duka, ba a tambayarta komai. Ko za a yanka akuya ko ba za a yanka ba, ko nawa za a dafa, ko ina baƙi za su kwana, wasu ne za su yanke. Tambayar mai makoki ɗora mata kaya ne, kuma abin kunya ne ga dangi. Matasan coci su zo su nome ciyawa, su cike ramukan hanya, su gyara duk abin da idonsu ya ga yana son gyara. Wannan ba mugunta ba ce. Ni ma na sha shiga gidan wata in kwashe mata kwanuka in sake musu wuri ba tare da na ce mata uffan ba, kuma ina ganin alheri na yi.

Ban yi kuka ba. Mata suna ta satar kallona suna jira, bai zo ba. Ba daurewa nake ba, babu ne kawai. Mutum ya shigo, ya durƙusa, ya ce, "Sannu Mama, ya haƙuri? Ubangiji ya ta'azantar." In ce, "Amin, na gode." Ya fita, wani ya shigo. Maganarsu tana zuwa mini kamar ta rediyon gidan maƙwabta. A ajiye mini kunu in sha, a ɗauke kofin. In an ce miƙe ƙafa, in miƙe.

Mai tsaron ƙofata ita ce ƙanwar mijina, wadda take zaune a Narayi. Tun ranar da aka kawo ni gidansu muke tsokanar juna, ba mu taɓa hutawa ba. Ita ta sa mini suna uwar balbela. Ita take cewa wane ya shigo, wane ya isa haka ya tashi.

Ana saura kwana kaɗan a yi sujadar aka kawo kanofi da kujerun roba. Filin ƙofar gidanmu ba shi da yawa, rabinsa a ƙarƙashin bishiyar yake. Kanofin bai rufe ko'ina ba. Kafin rana ta take, fararen kujerun nan sun yi dabbare-dabbare. Sai kuma wani dattijon ikilisiya ya cire hula zai yi addu'a, aka sauke masa a tsakiyar kai. Ƙanwar mijina ta shigo da labarin tana danne dariya da gefen zani.

"'Ya'yanki sun yi wa dattijo baftisma ta biyu," in ji ta a kunnena.

Na ji ta. Na san abin dariya ne. Fuskata ba ta motsa ba.

Bayan azahar na ji ƙarar inji. Na ɗauka janareto aka tayar. Sai ƙarar ta canja, ta yi nauyi, kamar tana cin wani abu. Sai wata ƙara, ƙaƙas, da faɗuwar da ta girgiza tagogi. Daga nan kukan tsuntsaye ya tashi gaba ɗaya. Na san kukansu na yunwa, na san na faɗa a kan tsinke, na san wanda suke yi in shirwa ta gifta. Wannan ban taɓa jin sa ba.

Na ce, "Me ake yi a waje?"

Ƙanwar mijina ta ce, "Gyara ake yi. Ke dai zauna."

Hannuna biyu suna cikin hannun wata tsohuwa 'yar zumuntar mata ta cocinmu, tana yi mini addu'a, addu'ar kuma doguwa ce. Ta bi 'ya'yana ɗaya bayan ɗaya, ta shiga jikoki. Injin ya tsaya, ya sake tashi. Wani reshen ya faɗi. Ina jin komai sarai, amma kamar a jikin wata ake yi. Da ta ce amin, wata ta karɓi hannun.

Ruwan sama ne ya tsayar da su. Ya sauko da ƙarfi, kowa ya gudu ƙarƙashin kanofi, injin ya yi shiru.

Da ruwan ya ɗauke, baƙi suka ragu, na tashi kamar zan zaga, na tsaya a taga. Haske ne ya fara dukan idona. Sama ce a buɗe a wurin da ban taɓa ganin sama ba. Duk ɓangaren da yake fuskantar gida ya tafi, sai dungulmin rassa farare, sabon sara. An ja rassan an tara su a jikin katanga. Mata biyu suna shara, suna zubawa a baro, ganye da tsinke da ɓawon ƙwai da wasu abubuwa masu farin gashi a jiƙe. 'Ya'yan balbela ba su da kyan gani, wuya ne da ƙafa da ƙaton ciki. Waɗanda ba su mutu ba suna ta hawan tarin rassan da baki da ƙafa, yadda suka saba yi a sama, su kai ƙarshen reshe su tsaya. Karen maƙwabta yana zaune a gefe yana jiran masu shara su tafi.

Ɓangaren da yake fuskantar kogi yana nan. Cike yake da sheƙa, kowace da kawuna a ciki.

Na ce, "Wa ya ce a sare?"

"Yaya ne," in ji ƙanwar mijina. Babban wansu take nufi, wanda ya zo daga ƙauye, wanda yanzu maganar gidan take hannunsa. "Abeg, matarmu, kar ki fara. Mutum ya mutu, ke kina zancen kaji."

"Ba kaji ba ne."

"Da kaji ne ai da mun huta da cefane."

Ta dube ni, ta ja tsaki, ta fita. Can sai ga ta da kwalin taliya ta ajiye a bayan ƙofa. Ta tsinto masu motsi, waɗanda hannunta ya kai. Suna ciki sun cure wuri ɗaya suna rawar sanyi.

"Ga marayunki nan. Me suke ci?"

"Abin da uwarsu ta haɗiya ta amayo musu."

"To, ni dai ba zan amayo wa kowa komai ba. Nawa ma da na haifa ban yi musu ba."

Na karɓi wayata a hannunta na kira malamar. Tana Jos a lokacin, wurin iyayenta. Ta fara yi mini gaisuwa, na katse ta na gaya mata. Sannan ta ce na cikin kwalin, manyan a mayar da su kan ƙananan rassa, wataƙila iyayen su gane su. Ƙananan kuwa kada in sa rai. Na tambaye ta na saman fa. Ta ce makonni kaɗan suke buƙata su yi fiffike su tashi. Ta ce za ta kira wasu, amma ba ta san wanda zai iso kafin gobe ba, ba ta kuma san wanda zai shiga gidan makoki ya hana dangi gyaran ƙofar gidansu ba. Gaskiya ta faɗa.

Rana ta yi ƙasa, iyayen suka fara dawowa daga kogi. Ina nan a taga. Layi ya taho, ya rabu biyu. Masu sheƙa a ɓangaren kogi suka sauka, 'ya'ya suka yi ta kama musu baki. Sauran suka nufi inda reshensu yake, suka ja birki a iska, ƙafa a miƙe za su sauka, babu abin sauka. Su zagaya, su sake dawowa daidai wurin. Su sake. Daga ƙarshe wasu suka sauka a kan kanofi, suka jera, wuyansu cike da abincin da babu mai karɓa.

Sai na ji bakina yana motsi. Goma, ashirin, talatin. Ni ban sa shi ba. Na ci gaba har na zo kan na saman kanofi, na rasa ko su ma na bishiyar ne ko yanzu ba na ko'ina ba ne. Malamar ba ta taɓa gaya mini yadda ake yi da irin waɗannan ba. A nan ƙirgar ta tsaya.

Kafin ya tafi masaukinsa, wan mijina ya shigo sallama. Tsoho ne mai sanyin hali, manomi, bai taɓa ɗaga mini murya ba. Idonsa ya kumbura, shi ya yi kukan da ni ban yi ba. Ya cire takalmi, ya zauna a bakin kujera.

Ya ce, "Matar ƙanena, kin ga an rage miki ƙazantar nan. Ruwa ne ya hana. Mai injin zai dawo da safe ya ƙarasa."

Na ce, "Baba, akwai 'ya'ya a sauran."

"Tsuntsu ne ai. Zai nemi wani wurin."

"Babu wani wurin. In an bar su makonni kaɗan, da kansu za su tashi."

"Shi da yake kwance a mutuware zai jira makonni?"

"A matsar da kanofin."

"Zuwa ina? Kan titi? Mutum a ƙofar gidansa ake yi masa waƙa. Fasto zai zo, abokan aikinsa za su zo, mutanen gida mota guda. Zumuntar mata za su zo da ankonsu. So kike a tashi ana cewa an je gidan ƙanena an dawo da kashi a ka?" Bai faɗa da zafi ba. Ya share ido da bakin riga. "Shi kansa ya sha gaya mini bishiyar nan ta ishe shi."

"Ni ma ya gaya mini."

"To, kin gani. Wannan ba naki ba ne yanzu. Ki huta. Mun ɗauke miki."

Matan da suke falon duk sun san ni. Sun san abin da na taɓa yi wa mai kwasar bola da ya jefi bishiyar da dutse. Na ga sun gyara zama, suna jiran bakina ya buɗe. Na nemi faɗan a cikina, inda yake zama kullum, ban same shi ba. Na ce, "Sai da safe, Baba." Ya ce Allah ya ba mu alheri, ya sa takalmi ya fita.

Ko da faɗan ya zo, na san inda zai ƙare. Maganar mai makoki ba magana ba ce. In ta yi ihu, a ce zafin rashi ne, a riƙe ta, a yi mata waƙa, a ba ta ruwa, aiki kuma ya ci gaba a waje. Amma al'adar da ta hana a tambaye ta, ita ce ta hana a taɓa ta. A kwanakin nan ba mai tsawata mata, ba mai kama hannunta ya ja, ba mai ce mata tashi daga nan. Inda ta zauna, nan masu gaisuwa za su same ta, nan za su durƙusa. Na ga wata ta zauna a bakin rijiya a ƙauye yini guda, a can fasto ya je ya yi mata addu'a, ranar ba wanda ya ja ruwa.

Ban ji wani ƙarfin zuciya ba. Lissafi ne kawai, irin wanda ake yi in ruwa ya taso kuma akwai shanya a waje.

Gari ya waye da hadari. Na ɗaura baƙin zanina, na naɗe tabarmar da nake kai, na saɓa. Matan da suka kwana a falon suna ta barci, sai ƙanwar mijina da take hura gawayi a tsakar gida.

"Ina zuwa?"

"Waje."

"Wane waje? Ke, matarmu, kanki ɗaya kuwa? Mijinki ko binne shi ba a yi ba!"

"Ɗauko kwalin nan ki biyo ni. Manyan za ki ɗora a kan reshe, kin fi ni tsawo."

"Ni? Da wannan tsufan zan hau bishiya?"

"Ban ce ki hau ba."

Na zare sakata. Ina jin ta a bayana tana kiran sunan Yesu, tana zagin balbela da uwar balbela, tana jan kwalin a ƙasa. Ƙasa a jiƙe take, garin katako ya manne a tafin ƙafata. Na wuce kanofin, na wuce kujerun da aka kife, na zagaya ta ɓangaren kogi. Can ƙasan layi na hango mai injin yana tahowa, injin a kafaɗa, galan ɗin mai a hannu.

Na shimfiɗa tabarmar a gindin dogon yaron, daidai ƙarƙashin rassan da suka rage. Na zauna, na jingina bayana da shi, na miƙe ƙafafuna.